Fim ɗin da Hauwa ta turo mini

Daren Talata, Majidaɗi

Baban Hauwa lafiya lau. Inna har yanzu ƙafar ce, yau ko tsakar gida ba ta fito ba. Ni kuwa ga ni nan dai.

Takardar aikin koyarwa da Hauwa ta samu a Sunkani tana jakata, Litinin ake son ta kama aiki. Ita tana Jos, wai shirya fim za ta koya. Da rana ta turo mini wani tsohon fim a waya, ta ce in na kalla zan gane. Na yi ta ƙara murya, mutane suna motsa baki, shiru. Na kira ta na ce wayata ta lalace. Ta yi dariya: "Mama, haka aka yi shi, lokacin fim ba ya magana." Wai wata Bafaranshiya ce ta shirya shi, tun ba a haifi Inna ba.

Na ce, "To, yaya ta ƙare?"

Wai yawancin finafinanta sun ɓace, wasu an sa musu sunan maza, ta tsufa tana nemansu. "Amma yanzu duniya ta san ta, Mama."

Na ce, "Bayan tana ƙasa."

Ban yi faɗa ba, ban yi kuka ba. Na je na tsince shinkafa.

Babanta ya gama faɗa wa mutanen ofis 'yarsa ta samu aiki, bai san da zancen fim ba. Na rubuta mata saƙo da kaina, harafi ɗaya-ɗaya, yadda na koya da girma: "Hauwa, ki ba ni amsa kafin Juma'a. Ba zan iya ɓoye masa fiye da haka ba."