Kirikiri a Gonar Baba

Litinin, 1 ga Yuni, 1964
Mun gama dasa kirikiri a sabon filin ƙwallo na Malumfashi. 'Yan wasan Maraɗi za su zo ran 12 ga Yuli, karo na farko da za mu kara da wata ƙasa. Malam Aƙilu, shugaban kwamitin wasan, ya ce in ba su tarar da fili kore shar ba, ni zan amsa. Ni da na yi karatun malamin gona, wai yau ciyawa nake shukawa. A gonar Baba kuma, wadda aka karɓe bara.

Talata, 9 ga Yuni
An nome kusurwar gabas tas. Na san hannun.

Laraba, 10 ga Yuni
Da hantsi na sami Baba duƙe da fartanya. "Sabo, haka za ka bar gona haki ya cinye ta? Mutanen garin Ƙarfi na wucewa suna gani." Na ce Baba, ai ba tamu ba ce yanzu. Ya ce ta wa ce to? Sau uku ina faɗa, sau uku yana tambaya. Tun rasuwar Inna kansa bai koma daidai ba.

Alhamis, 25 ga Yuni
In na dasa da yamma, ya nome da safe. Yau Malam Aƙilu ya gani da idonsa. Ya ce in aka sake, zai sa a ɗaure tsohon a turu kamar kowane mahaukaci. Baban da ya ciyar da rabin unguwa shekarar fari. Na ɓoye fartanyar a cikin rumbu.

Asabar, 27 ga Yuni
Da hannu ya tuge. Faratansa duk jini.

Litinin, 29 ga Yuni
Na sa wa ɗakinsa kwaɗo. Allah Ka yafe mini. Gwaggo Marka, ƙanwarsa, ko gaisuwata ba ta amsa ba.

Litinin, 6 ga Yuli
Fili ya yi kyau, kowa sai yaba ni yake. Baba kuwa ya daina cin abinci, sai ruwa. Gwaggo ta kai masa tuwo, ya ce ina shi ina tuwo gona na cikin haki. In ya ji motsina sai ya leƙo ta taga: an yi ruwa? An fara maimai? Ba ya zagina. Da ma zagin yake, da na samu sauƙi.

Alhamis, 9 ga Yuli
Gwaggo ta tare ni a zaure. "Turun da kake gudu, ba shi ka yi masa da hannunka ba?" Na rasa inda zan sa kaina. In na buɗe su ɗaure shi, in na bari yunwa ta kashe shi. Kwana uku suka rage. Ban san ko zai kai ba, wallahi ban sani ba.

Asabar, 11 ga Yuli
Don ya sha iska na buɗe. Fartanyar ma don ya dogara na ba shi. Da muka isa fili ya kasa ɗaga ta, ya ce, "Kama mini, Sabo." Kama masa kawai na yi. Ban san yadda aka yi muka nome har tsakiyar fili ba.

Ya ci tuwo malmala biyu, har da neman ƙarin miya.

Ya ce gobe mu fito da wuri, saura rabi. Na ce to.