Wurin da Mama Eufrosina Ta Daina Waƙa

Litinin, 6 ga Fabrairu, 2023

Mun gama haɗa fim ɗin. Tun yaushe nake bin matan da ke shanyar 'ya'yan kokon da ake yin cakulan a yankin Paria na bakin teku, yau ga shi daga farko har ƙarshe. Asdrúbal, wanda ke yanka mini hotuna yana jerawa, ya ce mu tura wa masu bikin finafinai na Sifen yanzu, kafin ƙarshen wata suke so. Na ce sai Mama Eufrosina ta gani tukun. Ita ce fim ɗin, kuma na yi mata alkawari.

Laraba, 8 ga Fabrairu

Daga Caracas zuwa Río Caribe, garin su Mama Eufrosina, a bas. Bayana kamar an daka.

Alhamis, 9 ga Fabrairu

Na kunna mata a tsakar gida, mu biyu. Ta yi ta dariya. "Maigualida, 'yar nan, haka ƙafafuna suke? Sai ka ce na agwagwa!"

Sai muka zo wurin. Tana juya koko a rana da ƙafa tana waƙa, waƙar ta tsaya, ta ce ɗanta Leoncio bai so shiga kwalekwalen zuwa tsibirin Trinidad ba, ita ta tura shi. "Na ce masa namiji ba ya zama yana kallon 'ya'yansa da yunwa." Tun ranar ba a sake jin labarin kwalekwalen ba.

Ta rufe kwamfutar da hannunta. "Cire wannan."

Na ce Mama, nan ne zuciyar fim ɗin.

"Zuciyar wa?"

Matar Leoncio, Nélida, ba ta sani ba. Har yau tana zaton shi ya nace. Ita ke kawo wa tsohuwar kifi kullum, ita ke taje mata kai.

Ba zan cire ba.

Asabar, 11 ga Fabrairu

Asdrúbal a waya: "Darakta, in kin cire shi, tallan cakulan ya rage mana." Gaskiyarsa. Daga wannan gaɓar tekun kaɗai mutane nawa suka shiga ruwa? Wa ya taɓa jin muryar uwayensu? Fim ɗina na farko ɗakin kallo guda ya samu, rabin kujerun babu kowa. Na biyu bai ma fito ba, masu aikina duk sun watse ƙasashen waje, wasu Lima, wasu Santiago. Wannan sai an gan shi. Kuma ta san ina ɗauka a ranar, ban ɓoye mata ba.

Gobe zan koma mata.

Lahadi, 12 ga Fabrairu

Na koma. Na ce a ƙasar waje za a nuna. Ta ce, "Waya ba ta san ƙasar waje ba. Kafin kaji su shiga akurki ya iso hannun Nélida." Ta ba ni arepa, wainar masara, da soyayyen kifi, ta tsaya a kaina sai da na cinye. Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi.

Talata, 14 ga Fabrairu

Na haɗu da Nélida a bakin ruwa tana gyaran kifi. "'Yar'uwa, an ce kin mai da surukata tauraruwa. Ni fa, na fito?" Na ce ta fito, ta yi kyau. Ta ce in nuna wa yaran, su ga kakarsu. Na ce to.

Ba ni na aika Leoncio ba. Aikina in nuna abin da ya faru.

Juma'a, 17 ga Fabrairu

Ban je nuna wa yaran ba. Na sake kallon wurin ni kaɗai. Ban taɓa ɗaukar abin da ya kai shi ba.

Lahadi, 19 ga Fabrairu

Da aka fito daga coci Mama Eufrosina ta aiko a kira ni. Ta sa rigarta mai furanni. "Tunda kin rantse sai duniya ta ji, ba a bakin akwatinki yarinyar nan za ta ji ba. Taso ki raka ni. Ɗauko abin naki, ai shi kike so."

Na ɗauko kyamarar. Nélida na shanyar wanki. Mama Eufrosina ko zama ba ta yi ba, ta faɗa mata a tsaye, ba kwana-kwana. Nélida ta daɗe riƙe da jiƙaƙƙiyar riga, ruwa na ɗiga a ƙafarta. Sai ta shiga ɗaki ta ja ƙofa. Tsohuwar ta zauna a kan dutsen wanki, ta ce za ta jira. Na zauna kusa da ita, kyamara a cinyata, ban kunna ta ba. Hasken ma ya yi kyau ƙwarai.

Har na taho ƙofar ba ta buɗe ba.

Asdrúbal ya kira, yana rawar jiki: na ɗauka? Na ce batir ne ya mutu. Ya san guda biyu nake yawo da su. Ya ce to wurin waƙar fa?

Na ce ya ajiye shi gefe, sai Nélida ta gani. In Sifen ta wuce, ta wuce.

Gefe kawai na ce. Ban ce a cire ba.