Allurar Mai a Kan Rabi

Zuwa ga Baban yara,

Ina gaishe ka gaisuwar da ka san daga inda take fitowa, da fatan ka tashi da sauƙi fiye da jiya. Yaya jikin? Yaya hannun, ya fara jin magana ko har yanzu taurin kai yake yi irin na mai shi? Yaya ƙanwarka da ɗawainiyar jinya? Allah ya saka mata. Mu nan lafiya lau, yara suna zuwa makaranta, kullum sai sun tambaye ni ranar da za ka dawo.

Kada ka ce na gaji da kai don na daina kiranka a waya. Tunda shanyewar jikin nan ta riƙe maka harshe, in na yi ta zuba, ba na jin komai sai numfashinka, ina ajiye wayar sai kuka, ƙanwarka kuma ta ce kai ma haka kake yi. Takarda kuwa za ka riƙe da hannun hagu ka karanta a lokacin da ka ga dama, babu mai jiran amsa. Maƙwabciyarmu da ke aikin wanki a asibitin ta ce za ta riƙa kawo maka.

Jiya Yaya, babban wanka, ya zo. Ya ce likita zai sallame ka ƙarshen mako mai zuwa, amma dole a riƙa mayar da kai gashi da motsa jiki a kai a kai har ƙafar ta tsaya. Don haka ya yanke shawara a wuce da kai gidansa, tunda shi yana kusa da asibitin, mu kuwa muna can ƙarshen gari. Na tambaye shi har zuwa yaushe, ya ce sai abin da hali ya yi. Baban yara, watanni fa yake nufi. Na san don alheri yake yi, amma raina ya ɓaci, na ce masa ai kana da gida kana da mota, kuma da hannunka ka koya mini tuƙi. Ya yi 'yar dariyar nan tasa ta ta hanci, ya ce in ya ga motar a ƙofar gidansa ina riƙe da sitiyari kafin ranar sallama, to ya janye maganarsa.

Na amsa da ƙarfina, domin na san abin da bai sani ba. Tun ranar da aka ɗauke ka, babu safiyar da ban tayar da motar nan ba. In yara sun fita, kafin in hau keken ɗinki, sai in je in zauna a kujerarka in kunna ta, ta yi ta aiki ina zaune. Hularka tana nan inda ka jefa ta, garin katako na nan a tabarmar ƙasa, ban share ba. Nan ne kaɗai wurin da har yanzu yake ƙanshinka.

To yau da safe na murɗa makulli, ta yi tari ta mutu. Na sake, injin yana juyawa yana juyawa, amma ta ce ba ta san zancen ba. Na duba allurar mai, tana kan rabi daram. Na zauna na zuba wa sitiyari ido.

Ban gaya wa Yaya ba, kai ma kada ka nuna wa ƙanwarka wannan ɓangaren. Ka ci abinci ko da ba ka so.

Matarka,
Sarkin Gardama, kamar yadda kake cewa.

Baban yara,

Bayan gaisuwa da tambayar jiki, da fatan daren jiya bai yi maka tsawo ba. An ce ka zauna a bakin gado da kanka, na yi murna har na kasa zura zare a allura.

Ina da ƙara a kanka. Na kira tsohon direban babbar mota na bayan layinmu ya duba ta. Ya zagaya, ya durƙusa da ƙyar, ya ƙwanƙwasa tanki da bayan yatsa, sai ga shi yana amsawa kamar tulun da babu ruwa. Na ce masa ai allura tana kan rabi. Ya ce in tuna, tun da nake shiga motar nan na taɓa ganin allurar a wani wuri? Na yi tunani, wallahi ban taɓa ba. Ashe ta daɗe da mutuwa, kai ne kake riƙe da lissafin mai a kanka, ba ka taɓa faɗa wa kowa ba. Mutumin da in ƙofar kabad ta yi ƙara ba ya barci sai ya gyara ta, shi ne yake yawo shekara da shekaru da allura mai ƙarya. Ni kuma baiwar Allah kullum in kunna, in kalli rabi, in ce Baban yara ya bar mana mai da yawa. Haka na ƙone shi tas ina zaune wuri ɗaya.

Na ɗauki jarka na je gidan mai na sayo, muka zuba, na shiga da murnata. Ko gezau. Fitilu suna kamawa, hon yana ƙara, batir da ransa, amma ta ƙi. Tsohon ya ce shi manyan motoci ya sani, sai dai a ganinsa mai ba ya isa inji, ƙila famfon da ke cikin tanki ya ƙone saboda ya yi ta zuƙar iska da datti. Na je wurin bakanike, ya ce sai an jawo masa ita gareji, in famfo ne sai an sauke tanki, ga motoci jere a gabansa, ba zai yi mini alkawarin wannan makon ba. Bai yi mini ƙarya ba, na gani da idona.

Na dawo a ƙafa don kada a ga fuskata a cikin bas. Ina tafe ina tunanin ɗakin baƙi na gidan Yaya, da yadda zan riƙa zuwa duba ka kamar baƙuwa, in yi sallama, a ba ni kujera, in yamma ta yi in ce sai an jima. Ba zan iya ba. Ina so in ji tarinka daga ɗaki ina tsakar gida. Ina kewarka har abin ya fara ba ni haushi.

Yanzu ga tambayata. Kullum in za ka tayar da mota ba ka murɗa makullin gaba ɗaya. Kana kai shi rabi ka tsaya, ka ɗaga mana yatsa mu yi shiru, ka karkata kai gefe, sannan ka ƙarasa. Na sha yi maka tsiya cewa gaisawa kuke yi da ita. Me kake saurare? Na san ba za ka iya faɗa ba, amma ka nuna wa ƙanwarka ko da hannu ne, na janye maganar ɓoye mata, ta karanta duka. Ita dai ta riƙe bakinta a gaban Yaya.

Allah ya ƙara sauƙi. Yara suna gaishe ka.

Taka har kullum,
Sarkin Gardama.

Baban yara,

Ina gaishe ka, ina kuma gaishe da maƙogwaron nan naka. Yaya kwanan jiki?

Ban san yadda zan rubuta wannan ba. Da ƙanwarka ta kira ni jiya da hantsi tana haki, na ɗauka wani abu ne ya faru. Sai ta ce in yi shiru in saurara, ta kara maka wayar. Na ji ka rufe baki ka ja wani sauti daga ƙirji, siriri, kamar kudan zuma a cikin kwalba, ka tsaya, ka sake. Tun ranar da ka faɗi a shago ban ji muryarka ba sai jiya. Na zauna a ƙasan ɗaki na yi kuka na ƙoshi, sannan na tuna tambaya na yi maka, amsa ce kake ba ni.

Ta ce bayan haka ka yi ta bubbuga ƙarƙashin teburin gado, daidai gwiwarka, ita ta ɗauka ƙafar ce take ciwo har ta kira ma'aikaciyar jinya. Ni na gane. Na sha ganinka durƙushe a ƙofar direba, kanka a ƙarƙashin sitiyari.

Na fita na rufe kaina a mota, na kai makulli rabi, na kasa kunne. Shiru. Na buɗe murfin tanki na sa maƙwabciya ta murɗa mini, na kara kunnena a bakin, nan ma shiru. Wato abin da kake saurare kenan duk shekarun nan, kukan famfo yana tura mai kafin a tayar da inji, ni kuwa ina gefe ina cika ka da surutu.

Na kashe, na zare makullin, na shimfiɗa tsohon zane na durƙusa inda kake durƙusawa. Ga ɗan murfi baƙi, na ɓalle shi, sai ga wasu ƙananan abubuwa a jere, ja da shuɗi da rawaya, kamar kwalin maɓallai. A bayan murfin akwai zanen wurin kowanne, amma rubutun ya goge, sai da na sa tabarau na haska da fitilar waya kafin na gano na famfo. Yatsuna suka kasa kama shi, na koma ɗaki na ɗauko ɗan hantsakin da nake cire zare da shi, na zaro shi a hankali. Na ɗaga shi sama ta wajen haske. 'Yar wayar da ke tsakiya ta tsinke, gefen ya yi baƙi. Don in tabbatar na zaro na kusa da shi na gwada su, nasa a haɗe yake lafiya, na mayar da shi wurinsa.

Baban yara, abin da ya nemi raba ni da kai bai kai farcen babban yatsana ba. Na tsaya ina kallonsa a tafin hannuna, ban san ko dariya zan yi ba ko zagi.

Na ƙulle shi a bakin mayafi na tafi layin masu kayan mota. Mai shagon ya ce sunansa fiyus, ya ba ni irinsa sak, shuɗi, lamba ɗaya da wadda ke rubuce a kansa. Ya ja mini kunne kada in yarda wani ya sa mini wanda ya fi shi lamba ko ya naɗa masa waya, domin shi an yi shi ne ya ƙone a madadin abin da ya fi shi. Ya ce in sabon ya sake ƙonewa, to famfon ne da kansa ya gaji, sai bakanike. Na sayi har da na ajiya.

Yamma ta yi kafin in dawo, yara suna gida, ban so in gwada a gabansu ta ƙi su gani. Yanzu sun fita, ina gama wannan zan je. Ka yi mini addu'a a zuciyarka, nan babu abin da ya shanye.

Matarka.

Zuwa ga maigidana, Baban yara,

Gaisuwa da fatan alheri, da fatan an gaya maka ka fara haɗa kayanka.

Ta tashi. Na tura fiyus ɗin har ya zauna, na kai makulli rabi, sai na ji shi daga baya, ƙasa ƙasa, daidai yadda ka yi a waya, har tsayawar. Na kashe na sake, na kashe na sake don mai ya hau, sannan na ƙarasa. Ta yi tari, ta girgiza, ta kama. Na bar ta tana aiki ina jiran ta mutu, ba ta mutu ba. Na zagaya layinmu, na je gidan mai na ce a cika ta har baki, mai zuba man yana nuna mini wai ai allura tana rabi, na ce masa ya zuba kawai.

Daga nan ban koma gida ba, gidan Yaya na nufa. Sau biyu ta mutu mini a mahaɗa, wannan kuwa laifin ƙafata ne, na bayana suka yi ta danna hon kamar ni na tare musu arziki. Na tsaya a ƙofarsa na yi ta hon har ya fito da ruwan alwala a hannu. Ya zagaya motar, ya ce in kai shi asibiti in dawo da shi ya gani. Tun da muka tashi yake riƙe da ƙofa da hannu biyu yana salati. Mun wuce ta ƙarƙashin tagoginku, ban san wacce ce taka ba, na dai rage gudu. Da muka dawo ya sauka, ya ce tuƙina sai a hankali amma magana ya riga ya yi. Ya juya da sauri, na ga yana share ido da hannun riga. Shi ma ƙaninsa yake so a kusa da shi, sai a lokacin na ji tausayinsa.

Gida za ka dawo. Na sauko da katifa ƙasa, na kawar da keken ɗinki daga hanya don sandarka.

Abu ɗaya nake so ka shirya masa tun yanzu. Na tura kujerar gefe baya har ƙarshe saboda ƙafarka, na sa matashi. Na san tun da ka sayi motar nan, in ban da kwanakin da ka koya mini tuƙi, ba ka taɓa zama a wannan ɓangaren ba. Gobe a nan za ka zauna, kana gani zan sa giya ta yi ƙara, zan taka burki a makare, zan faɗa kowane rami da ke tsakanin asibiti da gida. Ba zan gyara ko ɗaya ba. In abin ya ishe ka, ka buɗe baki ka yi mini faɗa, ko kalma ɗaya ce, ko ba ta fito daidai ba. Zan tsaya a gefen titi in saurara.

Sai na zo da safe.

Matarka mai jiranka,
Sarkin Gardama.