Inuwar Likita a Bango

Bukit Jalil, 9 ga Afrilu, 2020

Baba,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya, ƙafar ta yi sauƙi, Umma da su Zaid duk ƙalau. Mu nan sai zaman kulle, ko shagon ƙasan bene ba a shiga ba takunkumi.

Albishirinka! Na samu aikin tace fim! Wani kamfani ne daga wata ƙasa ya ga aikina na makaranta. Fim ne na Shugaban ƙasarsu yana zaga asibitocin korona. Baba, ka ga hoto! An ɗauki hotonsa daga ƙasa, ya fi kowa tsawo, alhali gajere ne, bai wuce Kawu Hambali ba. Na ɗora masa kiɗan da ni kaina tsikar jikina ta tashi. Shekara talatin kana riƙe da kyamara a gidan talabijin, yau ga magajiya.

'Yarka,
Walida

21 ga Afrilu

Baba,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kowa lafiya.

Sun yaba, suka ƙara mini aiki: in cire wata likita da ke gefen Shugaban, wai ta ɓata tsarin hoton. Kwana huɗu ina bin hotunan ɗaya bayan ɗaya, na goge ta, na cike gurbinta da bango. Wallahi ko kai ba za ka gane ba!

Don murna na kira Sharifa, abokiyar zamana, 'yar ƙasar Shugaban ce, na nuna mata na da da na yanzu. Sai ta zauna a ƙasa, ta ba ni labari. Ashe likitar ce ta faɗi ainihin yawan mamata, aka tafi da ita, aka share sunanta daga ko'ina. Wannan fim kaɗai ya rage da ke nuna ta taɓa tsayawa a asibitin, ni kuma na ƙarasa musu aikin da hannuna. Kunya ta hana ni cin abinci.

Jiya da nake duba na ƙarshe, na ga abin da na manta: inuwarta tana nan a bango. Aikin minti goma ne. Ban taɓa ta ba, na tura musu haka. In sun lura, aikin ya tafi, kuma na san ba za su sake nemana ba. Amma rabon da in ji daɗi haka har na manta.

Ranar Juma'a za a haska shi a duk ƙasarsu: mutum biyar a hoton, inuwa shida a bango. Ka taya ni addu'a mahaifiyar likitar ta iya ƙirga.

'Yarka mai kewarka,
Walida