Mijin da Ba a Zana wa Idanu

Uwargida mai wannan fili na ba da shawara, ki taimake ni, matata za ta tafi.

Na haura sittin. Tsohon adabi na karanta a jami'a, har an ɗauka zan zama wani abu. Kamfanin littattafanmu ya rushe, yau ga ni a birnin Osaka ina rubuta labaran wasannin kwamfuta na manya. Labarin kullum ɗaya ne: matar aure mai kunya, miji yana wajen aiki, wani ya lallaɓo, a hankali ta ci amana. Ogana Kuroiwa, wanda a shekaru na haife shi, yakan ce, “Malam, bar mana falsafa, cin amana ke sayuwa.” Mijin kuwa ko idanu ba a zana masa. Inuwar gashi ce ta rufe wurin.

Matata Fumie ta ɗauka takardun bayanin injina nake rubutawa. Bana ta shiga ƙungiyar waƙa ta unguwa, ta rina gashinta, tana ƴar waƙa a bakin murhu. Ni kuwa na san wannan, babi na biyu ke nan a labaraina. Na bi bayanta zuwa wurin waƙar, na tarar tsofaffin mata ne da wata mai kaɗa musu fiyano. Duk da haka zuciyata ba ta kwanta ba, domin a babi na uku ma haka miji ke gani. Har shinkafar da take ƙunsa mini in tafi da ita wurin aiki na fara zargin ta toshiyar baki ce.

Shekaranjiya ta ce, “Baban Sayaka, da can ba ka kallona, yanzu kuma bincikena kake. Ban san wanne ya fi ciwo ba.” Ƙarshen wata za ta koma garin Tottori wajen yayarta, ba ta ce ga ranar dawowa ba. In na faɗa mata gaskiya za ta ƙyamace ni. In na yi shiru za ta tafi.

Tsohon Ɗalibi, Osaka

AMSA

Malam, na tausaya maka. Mutum ya ci da iyalinsa da aikin da yake rainawa ba ƙaramin abu ba ne, kuma abin da hannu ya daɗe yana rubutawa yakan zauna a kai.

Amma ka duba ɓangarenta. Ba ka da hujja ko ɗaya, kuma a gidan nan mutum ɗaya ne ke da sirri: kai. Matar labarinka don ta faɗi aka ƙirƙire ta. Fumie waƙa kawai take yi.

Ka faɗa mata kafin ta ɗaure kaya: aikin, da bin bayanta da ka yi. Za ta iya ƙyama, za ta iya tafiya duk da haka, ban yi maka alkawari ba. In ta tafi, kada ka tare ta. Ka fara neman wani aikin, ko da gyaran rubutu ne, ka kuma ga likitan damuwa.

Sannan ka tambaye ta ranar da ƙungiyarsu za ta yi waƙa a gaban jama'a. Ka je ka zauna inda za ta gan ka, ka kalle ta. Wancan mijin, masu zane ne suka hana shi idanu. Kai naka suna nan.

Ina yi muku fatan alheri, kai da ita.