Ka Zo da Ƙahwa Kahin La'asar

Sanusi! I, sunanka nik kira. Kai ne ɗan hwari, tun da nih haihe ka bakina bai taɓa kama sunan ga ba, sai dai in ce "wancan". Yau na kira shi gaban duniya, kowa shi karanta. Wayata ba ka ɗauka, amma nan inda kuke sa bidiyon motoci na san idonka na nan.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, da hwatan kana lahiya can Ƙwanni inda kal laɓe. Mu nan Dogarawa ba mu lahiya, kuma ka san dalili.

Yau kwana shida. Ran Assabar da marece kunka jera motoci ukku bisa hanyar Malbaza, kai da abokanka, wai tsere. Baba Arzika shina dawowa daga gona da hauya ga kahwaɗa. Kab buge shi. Kuma ba ka tsaya ba.

Bugu ƙaddara ne, ban ja da Allah ba. Gudun ne ka ci mini rai. Gudun, Sanusi!

Wane ne Baba Arzika? Bari in tuna maka tunda mota ta cinye maka kai. Abokin babanka ne. Shi yal lulluɓe babanka, shi yas sa shi rami. Kana shekara sha biyar, ka ƙi karatun lakwal, ka ƙi gona, shi yaɗ ɗora ka bisa kujerar babbar motar siminti, yas sa maka hilo ƙarƙashi don idonka shi kai ga hanya. Shi yar raka ka buro ran da kas samu permi, takardar tuƙi, yad dawo shina dariya kamar shi anka ba. Mutum yay yi tuƙi har gemunshi yay yi hwari, ko kaza bai taɓa takawa ba. Kullum maganarshi guda ce: kowane mahaukaci ya iya taka wuta, direba shi ne wanda ya iya tsayawa.

Yanzu ga shi kwance zaure, maɗori ya ɗaure ƙahwar da kara, gero ya nuna gona babu mai yanke mishi.

Su abokanka wai Guguwa suke ce maka. Guguwa! Ai ko sun yi gaskiya, ita ma ɓarna takan yi ta wuce ba ta waiwaya. Ku kuma masu tahi, masu sa mishi hoton wuta ƙarƙashin bidiyo, na san kuna karantawa. Ina kuke? Wanenku yaz zo ko sannu? Wanenku yak kawo ko ƙwaryar hura?

Turawan da kake kallo ga waya da hular kwano, kana ce mini "Inna, wata rana ni ne nan", na ga su, ai kai kag gwada mini. Hilinsu daban ne, an shinge shi. Babu jaki, babu amalanke, babu tsoho da hauya. Kai hanyar da mata ka bi zuwa kasuwa, nan ne hilinka? Motar da munka saida shanun babanka anka saya don ka ɗauki hwasinja ka ci abinci, ita ce dokin sukuwarka?

Sai kuma ka aiko murya ta waya. Wai a kunna ma Baba, wai kana ba shi haƙuri. Ban kunna ba. Na goge. A garin ga ba a ba babba haƙuri ta waya, kai ma ka sani. Mutum shikan zo da ƙahwarshi, shi tuɓe takalmi bakin zaure, shi durƙusa, a ga idonshi.

Ɗiyan Baba tun ran nan sunka so zuwa jandarma. Shi yah hana. Yac ce a bari har la'asar ta Jumma'a. Yac ce yaron da nik koya ma tuƙi, na koya mishi tsayawa, nisa kawai burkin yay yi. Ka ji abin da tsohon da kak karya ke hwaɗi bisa kanka. Ni ina nan tsugunne da kwanon kunu, ban iya ko ɗaga kai ba.

Yau ce Jumma'ar. An sauko masallaci tun ɗazu. Babban ɗanshi na gani shina goge babur ƙohwar gida, bai ko gaishe ni ba, kuma ban ga laihinshi ba. In anka kira la'asar ba ka zo ba, tahiya jandarma za ya yi, ni kuma ba ni tare shi.

Na aika ƙanwarka jiya ta hwaɗa maka, ban sani ba ko ka saurara. Ka bar motar tasha. Kada in ji odar nan taka biyu da kake yi mini bakin gida. Ka shigo garin ga da ƙahwa, kamar kowa.

Kana ƙarami, murhin tukunyata kake ɗauka kana juyawa, kana bin tsakar gida kana vum vum da baki, in kaz zo gabana sai ka tsaya cak, ka ce Inna shigo. Kullum sai ka tsaya. Wannan yaron nike nema. Na girka maka tuwon dawa da miyar kuka, ban san ma mi yas sa nig girka ba, ina hushi.

Allah shi tashi kahwaɗar Baba Arzika. Allah shi karya maka girman kan ga kahin shi karya ka. Allah shi juyo mini da kai, ko ana zaginka, ko ana

Tsaya. Ana buga kyaure.

Ban ji mota ba. Ban ji babur ba. Mai bugun ga da ƙahwa yaz zo.

Innarka ce, bari in