Yawun Inna Ya Tafi da Mota

Zuwa ga Yaya Mamman a Kumasi,

Gaisuwa mai yawa. Ina gajiya, ina zaman baƙunta? Yaya iyali da yara? Mu nan Tabotaki sai godiya, ko da yake murar bana ta kwantar da kusan kowa.

Baba ne dai. Muna ɗaurin damman gero ya faɗi, bakinshi ya karkace, ɓarin dama ya shanye. Wanzami ya yi mishi ƙaho a ƙeya, an sha rubutu, ba sauƙi. Ni da Inna muka ɗora shi bisa takarkari har Madawa.

Lokotoron nasara, likitan asibitin can, ya ce jijiyar jini ce ta fashe cikin kai, ba shi da maganinta. Mu dai riƙa juya shi kada ya yi gyambo. Amma da ya ji Inna na tari, sai ya miƙo ruwan gishiri, wai ta kurkure maƙogwaro ta tofa a kwalba. Za a kai nesa, a zuba cikin ƙwan kaza, a gano abin da ke kawo mura. Inna ta ce ita ba ta ba baƙo yawunta. Na yi ta lallashinta, ina zaton in ta yarda zai ba Baba wani abu. Daga ƙarshe ta tofa. Kwalba ta shiga mota, Baba ya koma bisa takarkari.

Yaya, na gaji. Ka sa mu cikin addu'a, ka gaida mutanenmu na zango. Baba ba ya iya magana, amma duk wanda ya yi sallama sai ya ɗago kai. Kai yake jira.

Ƙaninka, Idi